Judi Dench: ina ta shige har sai da ta kai shekara 60 duniyar fim ta san da ita?

'Yar_Kallo ta rubuta:

Assalamu alaikum, jama'ar wannan zaure. Tambaya ce da ni ga waɗanda suka san harkar wasan kwaikwayo ta Birtaniya.

Yawancin masu kallo a finafinan James Bond suka fara sanin Judi Dench, inda ta fito a matsayin M, shugabar 'yan leƙen asiri. Na farkonsu, GoldenEye, ya fito a 1995, lokacin tana da shekara 60. A 1999 kuma ta karɓi Oscar, babbar kyautar fim ta Amurka, a kan fitowar da duka-duka ba ta wuce minti 8 ba. To mace mai irin wannan baiwa, ina ta shige duk shekarun baya? Ana cewa tana wasan dandamali. Na ji, amma ina so a warware mini. Wane irin aiki ake yi a can da har mutum zai share kusan shekara 40 bai waiwayi fim sosai ba? Me dandamalin ke koya wa 'yar wasa? Kuma me ya sa wasu gwanayen dandamali idan aka kafa musu kyamara sai abin ya ƙi, ita kuwa ya karɓe ta? Don Allah ba jerin kyaututtuka nake nema ba, wannan ko'ina akwai shi. Yadda aikin yake nake son ji.

Mai_Jan_Labule ya rubuta:

Wa alaikumus salam, ƙanwata. Bari in fara da ɗan gyara: ba ɓuya ta yi ba. An ba ta lambar girmamawa ta masarautar Birtaniya, OBE, tun 1970, aka naɗa ta Dame, wato takwarar muƙamin Sir ga mata, a 1988, shekara 7 kafin Bond. A Ingila ta daɗe da zama babba. Hollywood ce ta makara.

An haife ta ranar 9 ga Disamba 1934 a York. Mahaifinta likita ne, shi ke duba 'yan wasan Theatre Royal na garin, mahaifiyarta kuma tana ɗinka kayan wasa, don haka 'yan wasa ba baƙi ba ne a gidansu. Tsara dandamali ta fara koyo, wato zana ɗakuna da bangon da ake kafawa a bayan 'yan wasa, daga baya ta bi sawun yayanta Jeffery zuwa Central School of Speech and Drama a Landan. Ajinsu ɗaya da Vanessa Redgrave. Tana gamawa a 1957 kamfanin Old Vic ya ɗauke ta, ya ɗora mata rawar Ophelia a wasan Hamlet na Shakespeare, shahararren marubucin wasan kwaikwayo na Ingila, John Neville kuma shi ne Hamlet. Sun buɗe a Liverpool cikin Satumba, suka iso Landan, masu sharhi a jaridu suka yi mata ca: yarinya daga makaranta kai tsaye, ina ita ina wannan rawa? Da kamfanin zai tafi rangadin Amurka, sai aka karɓe rawar aka ba wata.

A nan ne tsarin wancan zamani ya yi mata rana. Ba don wasa ɗaya aka ɗauke ta ba, 'yar kamfani ce mai zaunannun 'yan wasa, saboda haka rasa Ophelia bai zama sallama ba. Irin wannan kamfani yana riƙe da wasanni da dama a lokaci guda, yana juya su: yau Hamlet, gobe Twelfth Night, jibi Henry V. Da rana ana gwajin sabon wasa, da dare ana yin wanda aka riga aka buɗe. Ƙaramar 'yar wasa za ta fito baiwa mai layi uku a wannan, ta tsaya shiru cikin 'yan fada a wancan, kuma a sa ta haddace rawar babbar jaruma don kada ciwo ya kama waccan a rasa mai shiga. Sauran lokacin tana tsaye a gefen dandamali inda 'yan kallo ba sa gani, tana lura da yadda manya ke shiga, yadda suke fita, da inda suke shaƙar numfashi. Kakar wasa huɗu ta yi a haka, daga 1957 zuwa 1961, kuma a cikinsu ne Franco Zeffirelli ya ba ta Juliet a 1960. Wadda aka ce ba ta isa Ophelia ba kenan.

A Disamba 1961 ta shiga Royal Shakespeare Company ƙarƙashin darakta Peter Hall. A 1963 tana Nottingham Playhouse, har suka zo rangadin Afirka ta Yamma, ciki har da Najeriya, da tallafin British Council, ita ce Lady Macbeth. A 1964 ta koma Oxford Playhouse. Gidajen wasan larduna a lokacin makaranta ce ta biyu. Mafi tsananinsu su ne masu sauya wasa duk mako: a buɗe ranar Litinin da dare, Talata da safe a karanta na mako mai zuwa a tsara wurin tsayuwar kowa, Laraba kashi na ɗaya, Alhamis na biyu, Juma'a na uku, Asabar a bi shi daga farko har ƙarshe, Lahadi a sauya kayan dandamali, Litinin a gwada da sutura a buɗe. Illar wannan a fili take. Babu lokacin tunani, sai ɗan wasa ya tara dabaru uku ko huɗu yana ta maimaita su a kowace rawa. Manyan gidaje irin Nottingham da Oxford sun fi ba da lokacin gwaji, don haka ta sami amfanin tsarin, wato rawa iri-iri a jere gaban mutanen da suka biya kuɗinsu, ba tare da ta ɗauki cutarsa ba.

Akwai kuma wani lissafi da duk 'yar wasan Shakespeare take yi. A zamaninsa yara maza ke fitowa a mata, sai a 1660 mata suka fara hawa dandamalin Ingila a matsayin sana'a. Shi ya sa rawar mata a wasanninsa ba ta da yawa, kuma fitattun cikinsu galibi 'yan mata ne. Wadda ta kasa sauya mataki, da zarar ƙuruciya ta fara ja baya sai aiki ya ƙafe. Dubi yadda ita ta hau tsanin: Ophelia da Juliet tana 'yar shekara ashirin da 'yan kai, a 1969 ta haɗa uwa da 'ya, Hermione da Perdita, a wasa ɗaya, Beatrice da Lady Macbeth a 1976, Cleopatra a 1987 tana da shekara 52, Gertrude, uwar Hamlet, a 1989, Volumnia a 1992, dattijuwar Roussillon a 2003, Paulina a 2015 tana 80 cif, wadda ta kawo mata Olivier, babbar kyautar wasan dandamali ta Landan, karo na takwas. Babu matakin da ta maƙale a kai bayan lokacinsa ya wuce, kuma a ganina wannan ne ginshiƙin daɗewarta, ya fi duk wata sa'a.

Ba Shakespeare kaɗai ba. Ita ce Sally Bowles a Cabaret na Landan a 1968. Ita aka tsara za ta yi Grizabella a Cats a 1981, sai jijiyar dunduniyarta ta tsinke ana cikin gwaji, Elaine Paige ta karɓa. Fim kuwa ta taɓa shi tun 1964, har ta ci BAFTA, kyautar fim da talabijin ta Birtaniya, a rukunin sabuwar fuska da Four in the Morning. Amma ta sha ba da labarin wani darakta da ya gaya mata fuskarta ba ta fim ba ce. Mai aiki a hannu dare da rana ba ta da dalilin zuwa roƙon wanda ya faɗa mata haka.

Hajiya_Mai_Murya ta rubuta:

Malam Mai_Jan_Labule ya shimfiɗa tarihin yadda ya kamata. Ni zan tsaya a kan abin da dandamalin ke koyarwa, domin mutane na ɗauka ɗaga murya ne kawai, alhali ɗaga murya shi ne kuskuren farko.

Ki duba girman wurin, 'yata. Zauren Olivier na National Theatre, inda ta yi Cleopatra tare da Anthony Hopkins, yana cin mutum sama da 1,100, kuma a lokacin ba a maƙala wa 'yan irin wannan wasa makirufo. Dole na kujerar ƙarshe ya ji har raɗa. Ba daga maƙogwaro ake samo wannan ba. Ana koya wa ɗaliba ta shaƙi iska ta cika ƙasan huhu, haƙarƙarin ƙasa su buɗe ta gefe da ta baya, kafaɗa ba ta motsa ba, sannan tsokar ciki ta riƙa sakin iskar a hankali. Gwaji mai sauƙi: kwanta rigingine, ɗora littafi a kan cibiya, idan kin shaƙa littafin ya tashi ƙirji bai tashi ba, kin kama hanya. Wadda take turo murya da maƙogwaro, a wasa takwas na mako ɗaya za ta dishe, in ta ci gaba kuma igiyoyin muryarta su yi kanta, wato su taurara, ƙila sai an kai ga likita. Idan murya ta gaji, raɗa ba hutu ba ne, yana ƙara wahalar da igiyoyin. Shiru ake yi, a sha ruwa, a shaƙi tururi. Kafin kowane wasa kuma a ɗauki minti 15 zuwa 20 ana ɗumama murya: guɗa a hankali baki rufe, kaɗa leɓe, sassauta muƙamuƙi, sannan a bi baƙaƙe ɗaya bayan ɗaya.

Baƙaƙen nan su ne sirrin. Wasali yana ɗauke da motsin rai, amma baƙin ƙarshen kalma shi ke kai ma'ana bayan zaure. Muryar Dench ai ba mai santsi ba ce, tana da ɗan kaushi da tsagewa, har an taɓa manna sanarwa a gidan wasa ana gaya wa 'yan kallo cewa ba mura take yi ba, haka muryarta take. Duk da haka ba ka rasa kalma ɗaya a bakinta.

Sai waƙen Shakespeare. Yawancin maganar manyan mutanensa a auna take: gaɓa 10 a layi, bugu 5, mara nauyi sannan mai nauyi. Ƙa'idar da Peter Hall ya tsaya a kai ita ce a girmama ƙarshen layi. A can ake ɗan dakatawa ko a shaƙi iska, ba a tsakiyar layi inda aka ga dama ba. Idan mutum biyu suka raba layi ɗaya, na biyu zai cafke nan take ba tazara, don layin ya cika. Idan kuma layi ya zo guntu, gurbin da ya rage shiru ne da marubucin ya bari da gangan. Duba fitowar da ke bayan kisan Sarki Duncan a Macbeth: miji da mata suna jefa wa juna kalma ɗaya-ɗaya cikin layi guda. In aka sa tazara a tsakani, firgicin ya mutu. A kashi na biyar kuma, inda Lady Macbeth ke yawo cikin barci, maganarta ta bar waƙe ta koma zube. Hankalinta ya warware, ma'aunin ma ya warware. 'Yar wasan da ta san wannan ba ta buƙatar ta yi ta fisge-fisge don a gane hauka.

Kurakuran da aka fi yi guda biyu ne, kuma kishiyoyin juna ne. Wata za ta rera layin kamar karatun allo, bugun ya fito fili ma'ana ta ɓace. Wata kuma don tsoron haka sai ta farfasa shi da nishi da dogon shiru har ya zama hira, wasan awa uku ya kai uku da rabi. Gwanintar Dench ita ce ka ji kamar yanzu tunanin ya faɗo mata, alhali idan ka bi ta da littafi ba ta karya ma'auni ba.

Cleopatra tana da layi kusan 700 a wasa mai fitowa sama da 40, ita kuwa Dench gajeriya ce, ita da kanta ta yi shakkar ko ta dace. Shawarar da Hall ya ba ta, kamar yadda take faɗa, ita ce kada ta yi ƙoƙarin nuna dukan halin matar a kowace fitowa. Ta nuna fuska ɗaya a nan, wata a can, 'yan kallo su haɗa da kansu. Ki riƙe wannan, domin shi ne ya bi ta har gaban kyamara.

Bayan_Kyamara ya rubuta:

Hajiya, Allah ya ƙara girma, bayaninki ya gamsar. Amma ina da ja a kan wani abu da ke neman fitowa daga maganganun nan biyu, wato kamar dandamali ne kaɗai ya yi ta, ranar da fim ya kira sai kawai ta shiga. Ba haka ba ne. Dandamali shi kaɗai yana iya ɓata mutum a gaban kyamara. Abin da ya raba ta da wasu shi ne ta shafe shekara 30 tana aikin talabijin a tsakani. Talking to a Stranger na BBC a 1966 ya kawo mata BAFTA. Daga 1981 zuwa 1984 ta yi A Fine Romance tare da mijinta Michael Williams, daga 1992 zuwa 2005 kuma As Time Goes By da Geoffrey Palmer. Irin waɗannan wasannin barkwanci ana gwada su kwanaki, sannan a ɗauka da kyamarori da yawa gaban 'yan kallo a situdiyo. Rabi dandamali ne rabi fim: kana jiran dariyar mutane ta kai ƙololuwa ta fara sauka kafin ka ci gaba, amma fuskarka a kusa take. Hatta Macbeth ɗin 1976 na Trevor Nunn da Ian McKellen a ƙaramin ɗaki aka yi shi, The Other Place a Stratford, wanda bai kai kujera 200 ba, 'yan wasa na zaune a da'ira dab da 'yan kallo, aka kuma ɗauke shi don talabijin aka nuna a 1979. Ga finafinai irin A Room with a View na 1985 da A Handful of Dust na 1988, kowanne ya kawo mata BAFTA a ƙaramar rawa. Ta iso GoldenEye ta riga ta san kyamara.

Ga inda 'yan dandamali ke tuntuɓe. Na farko girman motsi. A hoton kusa fuska na cika allon silima, ɗaga gira ɗaya ya zama ihu. Kyamara tunani take ɗauka, don haka aikin ya koma cikin ido: a rage ƙifta ido, a rage gyaɗa kai, a zaɓi ido ɗaya na abokin magana, wanda ya fi kusa da kyamara, a tsaya a kansa, in ba haka ba ƙwayar ido ta yi ta rawa. Na biyu murya. Makirufo yana saman kai ko a maƙale a riga, ba bayan zaure za a kai magana ba, nisan da ke tsakaninka da abokin wasanka kawai. Na uku alama. Ana manna tef a ƙasa inda za a tsaya, an auna haske da saitin gilashin kyamara a daidai wurin. A hoton kusa da dogon gilashi, abin da ke fitowa tas bai wuce 'yan santimita ba. Ka wuce alamar da rabin taki, hoto ya yi dishi-dishi, ka sunkuya neman ta kuma an gan ka. Ƙirga taku ake yi daga baya zuwa wurin har ƙafa ta haddace.

Na huɗu maimaitawa. Fitowa ɗaya ana ɗaukar ta daga nesa, a matso tsakiya, a yi ta saman kafaɗa, a yi ta kusa, kowace sau da yawa. Idan ka ɗaga kofi da hannun dama a kan wata kalma a hoton nesa, haka za ka yi a sauran duka, in ba haka ba mai haɗa hoto ba zai iya haɗa su ba, ya jefar da mafi kyawun aikinka. Masu sabon shiga kan zubar da duk hawayensu a hoton nesa da safe, a zo hoton kusa da yamma ido ya bushe. Na biyar kuma, ba a bin labari a jere. Ana ɗauka ne bisa wuri da ranakun da aka samu 'yan wasa, ana iya fara fim da mutuwarka. Shafi ɗaya na rubutu kusan minti ɗaya ne a allo, babban fim kuma yakan wuni a kan shafi biyu ko uku. A nan shawarar Hall da Hajiya ta kawo take aiki: wadda ta saba ba kowace fitowa fuska ɗaya tak, ba ta rikicewa idan aka hargitsa jerin.

Game da yadda ƙofar ta buɗe: a 1992 aka naɗa Stella Rimington shugabar MI5, hukumar leƙen asirin cikin gida ta Birtaniya, mace ta farko, saboda haka M mace a 1995 ba abin mamaki ba ne. Amma ba Bond ne ya kai ta Oscar ba. Mrs Brown ne na 1997, inda ta fito Sarauniya Biktoriya tare da Billy Connolly. Don talabijin aka shirya shi, sai kamfanin Miramax ya saya ya kai silima, aka sa ta a takarar Oscar karo na farko. Daraktan, John Madden, shi ya sake kiran ta ta yi Sarauniya Elizabet ta Ɗaya a Shakespeare in Love. Minti 8 ɗin nan ku sake kallon su. Kusan ba ta motsi. Kowa a fitowar ita yake kallo, ita kuma tana jinkirta amsa da daƙiƙa ɗaya fiye da yadda ake tsammani. Iko a allo daga nan yake fitowa, kuma wannan auna lokaci na mai shekara 40 gaban 'yan kallo ne, a nan na yarda da ku. A shekarar da ta karɓi Oscar ɗin ta ci Tony, babbar kyautar wasan dandamali ta Amurka, a Broadway, cibiyar gidajen wasa ta New York, da Amy's View. Takararta ta Oscar ta kai 8, ta ƙarshe da Belfast tana da shekara 87, kuma dukansu bayan ta haura 60 ne.

'Yar_Kallo ta rubuta:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Saura biyu. Yarinyar da ke tasowa a Birtaniya yau za ta iya bin wannan hanya? Sannan an ce idonta ya samu matsala, to ta yaya take haddace rubutu?

Mai_Jan_Labule ya rubuta:

Hanyar kamar yadda ita ta bi ta kusan shafewa, ƙanwata. Gidajen wasan larduna yanzu wasa-wasa suke ɗaukar mutane: gwajin mako uku ko huɗu, a yi wasan 'yan makonni, kowa ya kama gabansa. Ba kasafai ake samun inda za a riƙe yarinya shekara huɗu tana kuskure ana gyara mata ba.

Abin da ake bi yau shi ne makarantar wasa ta shekara uku, irin RADA, LAMDA, Central ko Guildhall. Ana shiga da gwaji: jawabi ɗaya daga tsofaffin wasanni, galibi Shakespeare, ɗaya na zamani, kowanne wajen minti biyu, wani wurin har da waƙa, kuma ana tacewa zagaye-zagaye. RADA ba ta wuce ɗaukar mutum wajen 30 a shekara a wannan kwas. Kuɗin makaranta ga ɗan ƙasa a Ingila ya kasance fam 9,250 a shekara daga 2017, aka ƙara zuwa 9,535 a 2025, ban da tsadar zaman Landan. A shekarar ƙarshe ake gayyatar wakilai su zo kallo. Wakili shi ke nemo aiki, yana cire kashi 10 zuwa 15 cikin 100 na abin da aka biya. Dole kuma a sa suna da hoto a Spotlight, kundin da masu zaɓen 'yan wasa ke dubawa tun 1927. Ƙungiyar 'yan wasa, Equity, wadda aka kafa a 1930, a zamanin Dench ƙofa ce a kulle: ba kati ba aiki, ba aiki ba kati. Dokokin gwamnatin Thatcher suka karya wannan a ƙarshen shekarun 1980. Yanzu shiga ba tilas ba ne, amma ita ke ciniki a kan mafi ƙarancin albashi, kuma ba ta yarda mambobi biyu su yi aiki da suna ɗaya, shi ya sa wasu ke sauya suna.

Gwajin farko ma yanzu sau da yawa a gida ake ɗaukar sa da waya a aika. Waya a kwance, daidai tsayin ido, bango fili a baya, hasken taga a gaba, hoto daga ƙirji zuwa sama, mai karanta ɗaya ɓangaren yana dab da kyamara da murya ƙasa-ƙasa. Taga a bayanka tana mai da fuska inuwa, kuma da yawa a nan suke faɗuwa tun ba a ji abin da suka iya ba. Ka ga yarinyar yau kyamara take fara koyo, zaure daga baya, akasin Dench.

Abin da bai sauya ba shi ne makon West End, unguwar manyan gidajen wasa ta Landan: wasa takwas, biyu daga ciki da rana. Dole kowa ya kasance a gidan minti 35 kafin a ɗaga labule, a sake kira saura 20, saura 10, sannan saura 5 a kira masu buɗe wasa su tsaya a wurarensu. Wadda ba ta iso kiran farko ba, an fara shirya mai jiran gado, wato wadda ta haddace rawarta don ta maye gurbinta.

Hajiya_Mai_Murya ta rubuta:

Maganar ido ta rage. A 2012 ta bayyana cewa tana da ciwon da ke lalata tsakiyar tantanin ganin ido, wanda ke zuwa da tsufa. Yana cinye abin da mutum ya kalla kai tsaye, wato rubutu da fuskar wanda ke gabansa, ya bar ganin gefe. Da farko ana buga mata rubutu da manyan haruffa, daga baya ya zama sai an karanta mata, ana maimaitawa tana bi har ya zauna.

Haddar kunne tana da tarko ɗaya. Idan mai karanta maka ya sa salo a muryarsa, salon za ka haddace tare da kalmomin, kuma fitar da shi ya fi shigar da shi wuya. Shi ya sa ake so a karanta a miƙe, ba hawa ba sauka, a yanka jawabin bisa tunani ba bisa shafi ba, a haddace har da kalmomin ƙarshe na abokin wasa domin su ne ke buɗe naka. Waƙen Shakespeare ya fi zube sauƙi a nan, saboda idan kalma ta faɗi bugun layin zai gurgunce, kunne ya ji nan take.

A dandamali kuwa matsalar ba hadda ba ce, wuri ne. Ta ba da labarin cewa lokacin The Winter's Tale a gidan Garrick, Kenneth Branagh ya gaya mata a hankali cewa wani dogon jawabi da take yi masa, bangon gefen dandamali take fuskanta, shi yana can damanta. Maganin irin wannan a wurin gwaji ake yin sa: a ƙayyade taku nawa ne daga ƙofa zuwa wurin tsayuwa, abokin wasa ya yi magana ko ya motsa kafin layinta don ta ji inda yake, kuma kada a gusar da kujera ko tebur ko da taki ɗaya bayan an tsayar da su.